Furta Zunubi a Wajen Kiristoci: Ma'anarsa, Tarihinsa, da Tambayar da Yake Yi wa Mai Istigfari

Godiya ta tabbata ga Allah Maɗaukakin Sarki, Mai suturta bayinSa, Mai karɓar tubansu dare da rana. Tsira da aminci su ƙara tabbata ga Shugabanmu Annabi Muhammadu (S.A.W), da alayensa da sahabbansa, da waɗanda suka bi su da kyautatawa har zuwa ranar sakamako.

Bayan haka, 'yan'uwa, darasinmu na wannan karon zai duba wata ibada da ba tamu ba, wato furta zunubi a addinin Kirista: mece ce ma'anarta a wajen masu ita, ta yaya ta faro, kuma wace hikima malamansu suke gani a cikinta. Daga nan sai mu bayyana inda muka rabu da su ba tare da ɓoye-ɓoye ba, sannan mu tsaya a kan tambaya guda da wannan karatu zai bar wa duk mai jan carbi.

Me ya kawo wannan darasi?

Duk wanda ya tashi a Bengou ko Gaya ya san ƙasarmu mararraba ce. Kogin Isa, wanda 'yan Najeriya ke kira Kwara, shi kaɗai ya raba Gaya da Malanville ta Benin, Kamba ta jihar Kebbi kuma ga ta nan kusa. Direbobin manyan motoci da 'yan kasuwa da ma'aikata da ɗalibai daga Benin da Togo da kudancin Najeriya suna cuɗanya da mu kullum, kuma da yawansu Kiristoci ne. A Nijar kanta Kiristoci 'yan ƙalilan ne, amma sun daɗe: mishan ɗin SIM ta sauka a Damagaram tun 1924, asibitinta na Galmi yana aiki tun 1950, su kuwa 'yan Katolika suna da manyan yankunan coci biyu, na Yamai da na Maraɗi.

Da duk wannan maƙwabtaka, in aka tambayi yawancinmu game da furta zunubi, amsar ba ta wuce: "Ai wajen fada suke zuwa, su faɗa masa laifi, su biya kuɗi, ya yafe musu." Wannan magana ba haka take ba, kuma Allah Ya umarce mu a Suratul Ma'ida da yin adalci ko da ga waɗanda muke da saɓani da su. Hausawa sun ce rashin sani ya fi dare duhu. Mun ga irin wannan duhu a ranakun 16 da 17 ga Janairun 2015, lokacin da aka ƙona coci-coci a Damagaram da Yamai har aka rasa rayuka, a kan laifin da wata jarida ta aikata a Faransa. Sanin abin da maƙwabci ya yi imani da shi ba ya nufin an bi shi. Amma yana hana harshe yin ƙarya a kansa, yana kuma hana hannu zaluntarsa.

Kalmar da ma'anarta

Kalmar da cocin Yamma ya gada daga harshen Latin ita ce confessio, kuma tana ɗauke da ma'ana uku: amsa laifi, yabon Allah, da shaida imani. Kiristocin Larabawa suna cewa i'itirafi. A Hausa ana cewa furta zunubi ko iƙirarin zunubi. Kalmar tuba kuwa a Girkanci, harshen da aka rubuta Sabon Alkawari da shi, ita ce metanoia, wato juyawar tunani da zuciya. A Ibrananci kalmar tana nufin komawa, daidai da ma'anar tauba a Larabci.

Tun daga kalmar za a ga cewa a wajensu amsa laifi da yabon Allah abu guda ne mai fuska biyu. Wanda ya ce "ni ne na karkace" ya riga ya shaida cewa Ubangijinsa ne a kan daidai. Wanda kuwa ya yi ta kawo uzuri, to yana ɗora laifin ne a kan ƙaddara ko a kan wani, a ƙarshe kuma a kan Wanda Ya halicce shi.

Tushenta a littafinsu

Malaman Kirista suna fara bayani ne daga labarin Adamu kamar yadda ya zo a Littafin Farawa. A can an nuna cewa bayan cin 'ya'yan itacen sai ya ɓuya, da aka tambaye shi sai ya nuna matarsa, ita kuma ta nuna maciji. Sai suka ce wannan ita ce ɗabi'ar zunubi: ɓuya da tura laifi. Furtawa kuwa ita ce fitowa daga maɓoya.

A Linjilar Luka akwai labarai uku da suke yawan kawowa. Na farko shi ne na ɗan da ya karɓi gadonsa ya tafi ya lalatar, sannan yunwa ta koro shi gida. Ya shirya kalmomin amsa laifinsa tun a hanya, amma uban ya hango shi daga nesa ya ruga ya rungume shi. Darasin da suke cirewa shi ne rahama tana riga furtawa isowa. Na biyu shi ne na mutum biyu da suka shiga ɗakin ibada, ɗaya yana lissafa azuminsa da sadakarsa yana gode wa Allah da bai zama kamar sauran mutane ba, ɗayan kuma mai karɓar haraji ne, ya tsaya daga nesa ya kasa ɗaga kai yana neman jinƙai. Aka ce na biyun ne ya koma gida karɓaɓɓe. Na uku shi ne na Zakka, shugaban masu karɓar haraji a Yariko, wanda da ya tuba ya yi alkawarin raba rabin dukiyarsa ga matalauta, da mayar wa duk wanda ya zalunta ninki huɗu. Mu da muke zaune kusa da garin duwan, mun san nauyin irin wannan alkawari.

Batun faɗa wa mutum kuwa, suna kafa hujja da wasiƙar Yakubu, inda aka umarci mabiya su riƙa furta wa juna laifuffukansu suna yi wa juna addu'a, da kuma babi na 20 na Linjilar Yahaya, inda suke ganin an ba almajirai izinin sanar da gafara. A kan fassarar wannan wuri na ƙarshe ne Kiristoci da kansu suka rabu, kamar yadda za mu gani.

Agustin, mutumin Afirka

Babu wanda ya zurfafa wannan batu kamar Agustin, wanda aka haifa a 354 a garin Tagaste, Souk Ahras ta Aljeriya a yau, ya kuma rasu a 430 yana bishop na Hippo, wato Annaba. Wajajen shekarar 397 zuwa 400 ya rubuta littafinsa Confessiones mai kashi 13, kuma daga farko har ƙarshe da Allah yake magana, mai karatu yana saurare ne kawai.

Abin da ya fi jan hankali a littafin ƙaramin abu ne. Yana ɗan shekara 16, shi da abokansa suka fita da dare suka kakkaɓe 'ya'yan itacen wani maƙwabci, kamar yadda yara ke yi wa mangwaron lambu, ba su ci wani abin kirki ba, suka zubar wa aladu. Bayan fiye da shekara ashirin, yana babban malami, ya zauna yana bincikar wannan dare. Yunwa ce ta sa shi? A'a, yana da waɗanda suka fi su kyau a gida. To mene ne? Sai ya gano abu biyu: ya ji daɗin saɓon ne don saɓo ne, kuma da shi kaɗai ne da bai yi ba, kunyar a ce masa matsoraci ce ta ja shi.

Falsafar Agustin a nan ita ce: Allah Ya riga Ya san komai, saboda haka furtawa ba ta ƙara masa sani. Wanda bai sani ba shi ne mai laifin, domin mutum gwani ne wajen ɓoye wa kansa kansa. In ya kira laifinsa da sunansa, ya bi shi har saiwarsa, to ya daina zama lauyan kansa ya koma gefen gaskiya. Masana da yawa suna kwatanta wannan littafi da Al-Munƙiz minad Dalal na Imam Gazali, domin duka biyun labarin mutum ne da ya tsaya ya tuhumi zuciyarsa.

Ruhubanawan hamadar Masar

Reshe na biyu ya tsiro ne a hamadar Masar, wajen ruhubanawan da suka ƙaurace wa gari don ibada tun ƙarni na 3 da na 4, irin su Antoniyo wanda ya rasu a 356. Al'adarsu ita ce ƙaramin mai ibada ya je wajen dattijo ya buɗe masa tunanin da ke kai-kawo a zuciyarsa, tun kafin tunanin ya zama aiki. Suna cewa mugun tunani kamar maciji ne a rami: muddin yana cikin duhu yana da ƙarfi, da zarar an fito da shi rana sai ya gudu. An ruwaito cewa Antoniyo yana shawartar almajiransa su riƙa rubuta ayyukansu da motsin zukatansu kamar za su karanta wa juna, domin kunyar ido ta hana su.

A nan dattijon likita ne, ba alƙali ba. Har yau wannan fahimta tana da ƙarfi a cocin Gabas. Kowane Kibɗawan Masar mai riƙon addini yana da wanda suke kira uban i'itirafi, haka ma Kiristocin Habasha suna da uban rai. A cocin Girka da Rasha, limamin yakan tunatar da mai furtawa cewa shi mai shaida ne kawai.

Yadda ta zama doka

A ƙarnonin farko tuba daga manyan laifuffuka, wato ridda da kisa da zina, a bainar jama'a ake yin sa. Mai laifi yakan sa tsumma, a hana shi cin jibin coci na tsawon lokaci, wani har shekaru, kuma sau ɗaya tak ake ba mutum wannan dama a rayuwa. Tsananin ya sa mutane da yawa suka riƙa jinkirta tuba har zuwa gadon mutuwa. Daga ƙarni na 6 zuwa na 7 ruhubanawan Ailan suka yaɗa wata hanya: a furta a asirce ga limami guda, kuma a iya maimaitawa.

A 1215 babban taron Lateran na huɗu, ƙarƙashin Paparoma Innocent na Uku, ya wajabta wa duk wanda ya kai shekarun hankali ya furta zunubansa ga limaminsa aƙalla sau ɗaya a shekara, ya kuma haramta wa limamin bayyana abin da ya ji. Taron Trent ya tabbatar da wannan a 1551. Ɗan ɗakin katako mai shamaki tsakanin fada da mai furtawa, wanda ake gani a fina-finai, daga baya ne ya yaɗu, a ƙarshen ƙarni na 16.

Rukunanta a wajen Katolika

Katolika suna lissafa ta cikin manyan ibadunsu bakwai da suke kira sakramenti. Abu uku ne a kan mai tuba, ɗaya a kan fada.

Na farko nadama, tare da niyyar rashin komawa. Sun kasa ta biyu: cikakkiyar nadama wadda son Allah ya haifar, da tauyayyiya wadda tsoron azaba ko munin laifin ya haifar. Wanda ya karanta Risalar Imam Ƙushairi zai tuna yadda aka bambance tauba ta mai tsoron uƙuba, da inaba ta mai kwaɗayin lada, da auba ta wanda umarnin kawai yake kiyayewa.

Na biyu furtawa. Ba a yarda mutum ya ce "ni mai zunubi ne" ya tsaya nan ba. Dole ya faɗi kowane babban zunubi da nau'insa da adadinsa gwargwadon yadda ya tuna, bayan ya zauna ya binciki kansa. Wanda ya ɓoye babban laifi da gangan, furtawarsa ba ta yi ba. Babban zunubi a wajensu shi ne wanda ya haɗa abu uku: aikin mai nauyi ne, an san haramcinsa, an kuma yi shi da ganganci.

Na uku gyara. Fada yakan ɗora masa addu'a ko azumi ko sadaka, in kuma akwai haƙƙin wani, to sai an mayar: kayan sata, kuɗin zamba, ko mutuncin da aka zubar.

Na huɗu shi ne kalmar gafara da fada ke furtawa. A aƙidarsu Allah ne Mai gafartawa, fada kuma wakili ne da ke magana da izinin Almasihu. Ba a biyan kuɗi a kanta, sayar da ibada ma babban laifi ne a dokarsu. Shi kansa fada yana da wanda yake furta wa, har Paparoma. A watan Maris na 2014 an ga Paparoma Francis ya durƙusa gaban wani limami a cocin St. Peter yana furta nasa.

Hatimin sirri

Abin da ke riƙe da wannan ibada duka shi ne sirri. Dokar cocin Katolika ta ce abin da aka faɗa wa fada a wannan zama ba ya fita, ko da kalma ko da ishara, ko don wane dalili, ko da sarki ne ko kotu ta nema. Wanda ya tona da gangan ya fita daga cikin jama'ar coci nan take, kuma fadar Paparoma ce kaɗai ke iya ɗage masa hukuncin. Suna girmama Yahaya na Nepomuk, wanda aka jefa a kogin birnin Prague a 1393. Bisa ruwayar da ta shahara a wajensu, ya ƙi gaya wa sarki abin da sarauniya ta furta masa ne. Hikimar a fili take: ba wanda zai buɗe cikinsa a inda ya san gobe za a ji a kasuwa.

Saɓanin Furotesta

Zargin sayar da gafara yana da asali a tarihi. A farkon ƙarni na 16 wasu masu wa'azi a Jamus sun riƙa karɓar kuɗi suna ba da takardun sassaucin azaba. Wannan ne ya fusata Martin Luther a 1517 ya fitar da batutuwansa 95, wanda na farkonsu ke cewa rayuwar mumini gaba ɗaya ya kamata ta zama tuba. Cocin Katolika da kansa ya soke haɗa waɗannan takardu da kuɗi a 1567.

Luther bai soke furtawa a asirce ba, wajabcinta ya ƙi. Waɗanda suka biyo baya, irin su mabiya Calvin da cocin bishara, sun tafi a kan cewa mutum ya furta wa Allah kai tsaye, sannan ya nemi afuwar wanda ya cuta. Yawancin Kiristocin ƙasar Hausa da suka fito daga aikin SIM a kan wannan suke. Saboda haka kuskure ne a ce duk Kirista yana zuwa wajen fada.

Amma daga cikin Furotesta ɗin aka sami wanda ya kawo hujja mafi ƙarfi a kan amfanin faɗa wa mutum. Shi ne Dietrich Bonhoeffer, malamin Jamus da gwamnatin Hitler ta rataye ranar 9 ga Afrilun 1945. A wani ɗan littafi da ya fitar a 1939 kan zaman 'yan'uwantaka, ya yi tambaya: me ya sa furta laifi ga Allah Mai tsarki yake mana sauƙi fiye da furta shi ga ɗan'uwa mai zunubi irinmu, alhali akasin haka ya kamata? Sai ya amsa cewa wataƙila sau da yawa ba da Allah muke magana ba, da kanmu muke yi, mu faɗa wa kanmu, mu yafe wa kanmu, shi ya sa muke komawa. Ya ƙara da cewa zunubi yana son kaɗaita da mutum, kuma girman kai ba ya karyewa sai an ambaci laifi takamaimai.

Akwai kuma furtawar jama'a. Ranar 22 ga Fabrairun 1992 Paparoma John Paul na Biyu ya tsaya a tsibirin Gore na Senegal, inda ake tunawa da cinikin bayi, ya nemi gafarar Allah a kan hannun da Kiristoci suka sa a ciki. Ya sake yin irin haka a Roma ranar 12 ga Maris na 2000 a kan laifuffukan 'ya'yan coci a tsawon tarihi.

Inda muka rabu

Ya ɗan'uwa, bayan adalci sai bayani. Mun rabu da su a wurare uku.

Na farko, gafarar da suke nema sun gina ta ne a kan aƙidar zunubin gado da fansa ta hanyar gicciye. Mu ba mu yarda da ko ɗaya ba. Alƙur'ani ya nuna Annabi Adamu (A.S) da matarsa sun amsa cewa sun zalunci kansu, Allah Ya karɓi tubansu, kuma ba wani rai da ke ɗaukar nauyin wani.

Na biyu, babu wani ɗan Adam da ke da izinin ce wa bawa "an gafarta maka" a matsayin sharaɗin karɓar tubansa. Ƙofar a buɗe take tsakanin bawa da Ubangijinsa. Neman addu'ar salihin bawa daban, miƙa masa mabuɗin gafara daban.

Na uku, asali a wajenmu shi ne sutura. Hadisi ya tabbata a Bukhari da Muslim yana gargaɗin wanda ya yi saɓo da dare Allah Ya rufa masa asiri, gari ya waye ya tona kansa. Da Ma'izu (R.A) ya zo yana amsa laifinsa, Manzon Allah (S.A.W) kawar da kai ya riƙa yi. Don haka wanda ya yi laifi tsakaninsa da Allah, ya yi shiru ya tuba.

Sai dai wannan ba ya nufin Musulunci bai san iƙirari ba. A Sayyidul Istigfari bawa yana amsa ni'imar Allah a kansa, sannan ya amsa zunubinsa, da kalma guda. Yabo da amsa laifi a haɗe. Ka'abu ɗan Malik (R.A) ya ƙi yin ƙarya game da rashin fitarsa Tabuka a shekara ta 9 bayan hijira, ya sha ƙauracewa ta kwana 50, sannan karɓar tubansa ta sauka a Suratut Tauba, alhali masu uzurin ƙarya sun tafi da uzurinsu. Hanzala (R.A) kuma ya kai kukan sauyin halin zuciyarsa ga Sayyidina Abubakar (R.A), suka tafi tare wajen Manzon Allah (S.A.W). A kan irin wannan ne malaman tarbiyya suka gina ladabin muridi ya bayyana wa shehinsa cutar zuciyarsa, kamar hassada ko riya ko ujubu, don neman magani. Ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Shehi yana nuna magani, gafara kuwa ta Allah ce.

Tambayar da ta rage

Mun ƙi wasiɗar fada, kuma muna da hujja. Amma tambayar Bonhoeffer ba ta tafi ba: in kana istigfari, da wa kake magana?

Muna buɗe lazimi da istigfari ɗari safe da yamma, muna buɗe wazifa da talatin. A cikin wannan adadi duka, sau nawa wani laifi guda mai suna da rana ya tsaya a gaban zuciyarka? Cewa "mu duka masu zunubi ne" ba ya yi wa kowa zafi, wani lokaci ma ado ne, domin a ce wane mai tawali'u ne. Abin da ke da zafi shi ne mutum ya ce a ransa: "Ranar kasuwa na tauye mudu. Na ci iyakar gonar wane da taku biyu. Na ɓata sunan wance a majalisa. Na saci amsa a jarrabawa." An ruwaito daga Rabi'atul Adawiyya cewa irin istigfarinmu shi kansa yana buƙatar istigfari.

Maganin da malamanmu suka ba da shi ne muraƙaba da muhasaba. Harisul Muhasibi, wanda ya rasu a 243 bayan hijira, daga yi wa kai hisabi ya samo laƙabinsa. Imam Gazali a Kitabut Tauba, wanda ya buɗe rubu'in ƙarshe na Ihya da shi, ya umarci mai tuba ya bi rayuwarsa shekara-shekara tun daga balaga, ya ware abin da ke tsakaninsa da Allah da abin da ke tsakaninsa da mutane. Wanda ya san Allah yana ganinsa da gaske, ba ya buƙatar idon mutum kafin ya ji kunya. Wanda kuwa bai kai nan ba, to ya sani rashin fada a addininsa bai sauƙaƙa masa komai ba, nauyi ya ƙara masa, domin shi ne zai zama mai tuhumar kansa. Laifi tudu ne, ka taka naka ka hango na wani.

Abin da za mu ɗauka mu yi aiki da shi

Ɗaya: kafin ka ɗauki carbi da yamma, yi shiru na ɗan lokaci ka bi yininka. Ka kira laifi ɗaya ko biyu da sunansu a zuciyarka, ba tare da "amma" ba, sannan ka fara istigfari a kansu.

Biyu: ka bi laifin zuwa saiwarsa kamar yadda Agustin ya yi. Buƙata ce, ko son a yaba, ko tsoron abokai? Wanda ya sare ganye ya bar saiwa, damina na zuwa zai sake gani.

Uku: haƙƙin mutane ba ya faɗuwa da carbi. An karantar da mu cewa mayar da abin zalunci yana cikin tuba, kuma hadisin muflisi a Sahihu Muslim ya nuna mai zuwa da salla da azumi a raba ladansa ga waɗanda ya zaga da waɗanda ya ci wa dukiya. Bashi a biya, iyakar gona a gyara tun kafin shuka, wanda aka ɓata a je a same shi. Wannan ita ce furtawar da ba makawa sai an yi ta gaban mutum, Musulmi ne shi ko Kirista.

Huɗu: in cuta ta ƙi jin magani, ka nemi malami mai tsoron Allah ka bayyana masa gwargwadon buƙata, ba tare da ambaton sunan wani ba.

Biyar: in kai aka kawo wa sirri, muƙaddami ne kai ko aboki, ka zama kabari. Hadisi ya nuna cewa mutum in ya yi magana sannan ya waiga, maganar ta zama amana. Ciki ba don tuwo kaɗai aka yi shi ba. Abin kunya ne a ce fada zai yarda ya mutu da sirrin mabiyinsa, mu kuwa abin da ɗan'uwa ya faɗa a zawiya da dare ya kwana a WhatsApp.

Allah Ya sa mu cikin masu yawan tuba da masu tsarkaka, Ya suturta mu duniya da lahira, Ya ba mu ikon sauke haƙƙin bayinSa tun muna da rai, Ya zaunar da ƙasashenmu lafiya. Allah Shi ne Mafi sani. Tsira da aminci su tabbata ga Shugabanmu Annabi Muhammadu da alayensa da sahabbansa baki ɗaya.